Shekara 20 Tsakanin Maraɗi da Katsina: Me Ya Hana Matan Arewa Ƙuri'a Har 1976?

Maman Ilham:
Assalamu alaikum. Ina koyar da tarihi a wata makarantar sakandaren 'yan mata, kuma a makon jiya wata ɗaliba ta yi mini tambayar da har yanzu nake juya ta a raina. Muna cikin darasin zaɓen tarayya na watan Disambar 1959, na faɗa musu cewa daga cikin kujeru 312 na majalisar wakilai, Arewa ce ke da 174, domin bisa yawan jama'a aka raba kujerun. Sai ta ɗaga hannu ta ce, "Malama, da aka ƙidaya jama'ar, an sa mata a lissafi?" Na ce an sa su. Ta ce, "Sun jefa ƙuri'a?" Na ce a'a, a Arewa maza kaɗai suka yi zaɓe, alhali matan Kudu sun yi nasu. Ta yi shiru, can ta ce, "Ashe da kawunansu aka samo kujerun, amma ba a tambaye su wanda zai hau ba."

Sai a zaɓen ƙananan hukumomi na ƙarshen 1976 matan Arewa suka fara jefa ƙuri'a, kuma gwamnatin soja ce ta ba su, ba 'yan siyasarmu ba. Abin da nake son mu tattauna shi ne dalilin wannan jinkiri. Addini ne, al'ada ce, ko kuwa lissafin siyasa ne aka lulluɓe shi da mayafin addini? Ina roƙon a yi magana da hujja, domin abin da na tsinta a nan zan mayar wa yaran.

Abu Hafsa:
Wa alaikumus salam, Malama. Tun kafin zancen ya yi nisa ina so a raba abubuwa biyu da ake yawan cakuɗawa, wato haƙƙin mata da kuma aƙidar feminizim. Haƙƙin mata ba mu jira Bature ya koya mana shi ba. A Ingila, matar aure ba ta da cikakken iko da dukiyarta, abin da ta mallaka na mijinta ne, har sai da aka yi dokokin 1870 da 1882, alhali Musulma tana cin gado, tana riƙe da sadakinta, tana saye da sayarwa da sunanta tun ƙarni na 7. A ƙasarmu ma, Shehu Usmanu ɗan Fodiyo ya yi kakkausan suka ga malaman da ke karantar da almajiran waje suna barin matansu da 'ya'yansu mata cikin jahilci, kuma 'yarsa Nana Asma'u, wadda ta rasu a 1864, ta kafa tsarin 'yan taru, tana naɗa jajoji tana ɗora musu malfa su shiga ƙauyuka su koyar da mata. Wannan shi ne tarihinmu. Feminizim kuwa ya taso ne daga taron Seneka Fols na Amurka a 1848 da abin da ya biyo baya, cutarsu ce suka nema mata maganinsu.

Kuma ina da dalilin zargin masu kawo mana shi. Ku dubi Lod Kroma, wanda ya juya Masar a madadin Ingila daga 1883 zuwa 1907. Yana can yana rubuta cewa Musulunci ya danne mata, amma da ya koma gida shi ne ya shugabanci ƙungiyar maza masu yaƙi da bai wa matan Ingila ƙuri'a. Wanda ya hana 'yar'uwarsa, ta yaya zan yarda tausayin 'yar'uwata yake ji?

Hajiya ta Damagaram:
Allah ya gafarta malam, ban musa abin da ka faɗa game da Shehu da Nana Asma'u ba, amma bai amsa tambayar Malama ba, sai ma ƙara mata nauyi da ya yi. Idan wannan ne gadonmu, me ya sa jikokin masu gadon suka zama na ƙarshe a Nijeriya?

Ni 'yar Nijar ce, bari in kawo abin da na sani daga namu ɓangaren. Dokar da Faransa ta yi wa ƙasashen da take mulka a watan Yunin 1956 ta bai wa kowane baligi ƙuri'a, namiji da mace. Saboda haka mace a Maraɗi ko Tasawa ko Damagaram tana da ƙuri'a shekara 20 kafin ƙanwarta da aka kai aure Katsina ko Daura. Harshe ɗaya, mazhaba ɗaya ta Malikiyya, malaman ma sau da yawa a zaure ɗaya suka yi karatu. Da haramcin a addini yake, da ba zai tsaya a kan iyaka ya nuna takarda ba. Bambancin da ke akwai shi ne, a wajenmu daga Faris aka yanko hukuncin ba tare da neman yardar kowa ba, a wajenku kuwa Ingila ta bar wa kowace jiha ta tsara nata, jam'iyyar da ke mulkin Arewa kuma ta ce lokaci bai yi ba.

Kada kuma a ɗauka yabon kanmu nake yi. Ƙuri'ar ba ta tsinana mana abin kirki ba na tsawon lokaci, domin jam'iyya ɗaya ce a zamanin Diori, daga 1974 kuma soja suka karɓe. A 1991, da ake shirin babban taron ƙasa, mace ɗaya tak aka sa a kwamitin shirye-shirye, shi ya sa mata suka fito titunan Yamai ranar 13 ga Mayu suka nufi ofishin firaminista, har aka ƙara musu kujeru. Ranar ce ta zama ranar matan Nijar. Bayan shekara uku kacal, daftarin dokar iyali ya sha ƙasa saboda adawar ƙungiyoyin addini, kuma har yau ba a yi ta ba.

Baban Sadiƙ:
Hajiya, ki yi haƙuri in ɗan kare shugabannin wancan lokaci, domin ba sa raye balle su kare kansu. Hukunta mutanen 1959 da ma'aunin yau ba adalci ba ne. Sardauna bai ce har abada ba, cewa ya yi al'umma ba ta shirya ba, kuma idan aka tilasta za a tayar da fitinar da ta fi amfanin yawa. A tuna cewa a lokacin yawancin matan birane suna cikin kulle, masu karatun boko a cikinsu kuwa ana iya ƙirga su. Su ma Turawan da ake misali da su ba a yini ɗaya suka yi ba. Ingila ta bai wa mata ƙuri'a a 1918, amma sai 'yan shekara 30 zuwa sama masu wani sharaɗi na dukiya, ba a daidaita su da maza ba sai 1928. Faransa sai 1944. Suwizalan, da duk arzikinta da iliminta, sai 1971, shekara biyar kacal kafin mu, wani yankinta ma mai suna Afenzel sai da kotun tarayya ta tilasta masa a 1990. To me ya sa namu jinkirin kaɗai ake kira zalunci?

Lauya Mai Ritaya:
Baban Sadiƙ, babu wanda ya ce na Suwizalan adalci ne. Amma tunda kai da Abu Hafsa kun kawo Ingila, bari in tsaya a kanta kaɗan, domin akwai darasi a cikin irin hujjojin da aka kafa a can.

Adawa da ƙuri'ar mata a Ingila tsararriya ce, da ƙungiya da ofis da mujalla. A 1889 mata 104 daga manyan gidaje suka sa hannu a wata takarda suna roƙon kada a ba mata ƙuri'a. A 1908 aka kafa ƙungiyar mata masu adawa, marubuciya Meri Wod tana cikin jagororinta, haka ma Gatrud Bel, matar da ta keta hamadar Larabawa a kan raƙumi, daga baya kuma ta sa hannu a kafa ƙasar Iraƙi, amma ta ga bai dace matar Landan ta zaɓi ɗan majalisa ba. A 1910 suka haɗe da ta mazan, Kroma yana shugaba. Me suke cewa? Cewa suke yi wurin mace gida ne, mijinta ya riga ya wakilce ta, siyasa ƙazanta ce za ta zubar mata da mutunci, ƙuri'a za ta haɗa miji da mata faɗa, kuma yawancin mata ma ba sa so, wasu 'yan tsiraru ne marasa kunya ke hayaniya. Duk wanda ya ji yadda aka yi zancen a Arewa zai gane waɗannan kalmomi ɗaya bayan ɗaya. Kirista ɗan mulkin mallaka a Landan da ɗan jam'iyyar NPC mai mulkin Arewa, mai alamar fartanya, a Kaduna sun faɗi abu guda, kowa yana jingina shi da littafinsa da al'adarsa. Saboda haka misalin Kroma wuƙa ce mai baki biyu, Malam Abu Hafsa. Ya nuna munafuncin ɗan mulkin mallaka, haka ne, amma ya kuma nuna cewa hujjar hanawa ba daga Musulunci ta fito ba.

Game da ainihin dalilin, ra'ayina shi ne lissafi ne. Shugabannin NPC sun san cewa idan aka buɗe ƙofa, matan Sabon Gari da matan yankunan da ba na Musulmi ba, inda jam'iyyun adawa ke da ƙarfi, za su fito ƙwansu da kwarkwatarsu, matan kulle na cikin ganuwa kuma ba lalle mazansu su bar su ba. Jam'iyyar da ta dogara da hakimai da dagatai wajen tattaro mata magidanta ba za ta so a ninka masu zaɓe da mutanen da ba ta da tabbacin hanyar isa gare su ba. Kujeru 174 kuwa suna nan daram ko mata sun yi zaɓe ko ba su yi ba. To me zai sa ta yi kasada?

Abu Hafsa:
Ranka ya daɗe, na karɓi gyaran a kan Kroma. Kuma in faɗi gaskiya, ban san wani nassi da ya hana mace zaɓen wanda zai wakilce ta ba. Aya ta 12 a Suratul Mumtahana tana magana ne a kan mubaya'ar da mata suka yi wa Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, da kansu, ba ta bakin mazajensu ba. Inda malamai suka yi doguwar magana shi ne shugabancin ƙasa, saboda hadisin Abu Bakrata, wannan kuwa wata mas'ala ce daban da jefa ƙuri'a. Abin da ban yarda da shi ba shi ne a ce dole sai na karɓi kunshin gaba ɗaya, wato wanda ya amince da ƙuri'ar mace dole ya amince a taɓa rabon gado.

Jikar Zazzau:
An yi ta ambaton matan Ingila, har yanzu ba a ambaci tamu ba. Hajiya Gambo Sawaba an haife ta a 1933, an aurar da ita tana shekara 13, ta shiga jam'iyyar adawa ta NEPU tana 17, jim kaɗan bayan kafa jam'iyyar a watan Agustan 1950. Ta je har Abekuta wajen Funmilayo Ransome-Kuti, wadda ƙungiyarta ta matan kasuwa ta sa Alake ya sauka daga sarauta a 1949 saboda harajin mata. A Kano an kama ta saboda shiga gidaje tana yi wa matan kulle bayanin siyasa, aka ɗaure ta, aka kore ta daga garin. Adadin ɗaurin da aka fi ambata shi ne sau 16, ban da duka da aske mata kai. Ba ta karanta littattafan feminizim ba, karatun bokonta ma a firamare ya tsaya, saboda haka ba za a ce Turawa ne suka hure mata kunne ba.

Abin da ya fi ci mini rai a tarihin shi ne makamin da aka yi amfani da shi a kanta da ire-irenta, wato kalmar karuwa. Duk macen da ta hau mumbarin siyasa sunanta ke nan. Amma ita ma jam'iyyar da ke mulki tana da matan da ke cika mata fili, suna guɗa, suna amshin waƙa, suna dafa abincin taro, yawancinsu zawarawa da mata masu zaman kansu ƙarƙashin magajiyoyi. Wato muryar mace halal ce idan "Salama", taken NPC, za ta ce a bainar jama'a, ƙuri'arta ce kawai za ta zubar mata da mutunci a cikin rumfar da babu mai ganinta. Kakata, Allah ya jiƙanta, ba ta taɓa zuwa taron siyasa ba, amma ta kan ce da an ji sanarwar Gambo za ta yi magana a rediyo ko a fili, sai kishiyoyi su aiki yara su jiyo musu.

Kuma a cikin maza ma an samu masu magana tun da wuri. Malam Aminu Kano ya tsaya a kan ƙuri'ar mata tun farkon NEPU, Malam Isa Wali kuma ya yi rubuce-rubuce a jarida a 1956 kan matsayin mace a Musulunci, da hujjojin Ƙur'ani da hadisi, ya sha suka a kansu. Saboda haka ba daidai ba ne a ce mutanen wancan zamani ba su san wata mahanga ba. Sun ji ta, sun ƙi ta.

Baban Sadiƙ:
'Yar'uwa, ban ce an kyauta wa Hajiya Gambo ba, abin da 'yan doka da kotunan En'e suka yi wa 'yan NEPU maza da mata abin kunya ne. Amma har yanzu ina nan a kan cewa da an tilasta a 1959, maza ne za su ƙara yawan ƙuri'unsu da na matansu, babu abin da zai canza.

Tsohon Malamin Zaɓe:
Wannan magana ta ƙarshe ita ta sa na sa baki, domin na ga abin da idona. A 1979 ina sabon malamin firamare aka ɗauke ni aikin zaɓe na wucin gadi a ƙarƙashin hukumar zaɓe ta FEDECO, a wata mazaɓa ta ƙauye. Zaɓuka biyar aka yi, daga na majalisar dattawa ranar 7 ga Yuli zuwa na shugaban ƙasa ranar 11 ga Agusta. A Asabar ta farko wani magidanci ya zo da katuna huɗu a aljihun 'yar-shararsa, nasa da na matansa uku, ya ajiye mini a kan tebur ya ce in ba shi takardu huɗu. Na ce ba a yin haka. Ya ce shi ke ci da su, shi ke sha da su, wace irin doka ce za ta ce bai san ra'ayinsu ba. Muka yi ta ja har ɗan sanda ya matso, ya kwashe katunansa ya tafi yana faɗa. Ban sake ganinsa ba ranar.

A zaɓen gwamna sai ga shi da su ukun bayan la'asar, cikin lulluɓi, uwargidan na gaba. Ya tsaya a bakin layin mata yana ɗaga murya yana tuna musu alamar jam'iyyar NPN, yana cewa, "Gida da masara, kun dai ji ko!" Uwargidan ta miƙo mini babban yatsa, ta ce in yi a hankali kada tawadar ta ɓata mata lalle, sannan ta sunkuyo ta tambaye ni a hankali, "Ɗan nan, in na shiga ciki, yana iya ganin inda na dangwala?" Na ce ko ni ba zan gani ba, Inna. Ta ce, "To madalla." Ban san abin da ta zaɓa ba, wataƙila ma gida da masarar ta dangwala wa, amma wanda ya ji yadda ta yi tambayar ba zai ce ƙuri'ar mijin ce aka ninka ba. A waccan shekarar PRP mai alamar mabuɗi ta ci gwamna a Kano da Kaduna.

Maman Walid:
Ni mace ce, ina zaɓe, ina aiki, kuma ba na son a kira ni 'yar feminis, saboda abin da nake gani ana rubutawa da sunan a shafukan sada zumunta, na raina aure da zagin maza. Amma na lura da wani abu a wannan zance da ya sa na yi wa kaina tambaya. Matan nan na Ingila da suka ce ba sa son ƙuri'a, da aka bayar ai ba su mayar ba. Haka a Amurka, Filis Shilafli ta zagaye ƙasar tana jawabi cewa wurin mace gida ne, har ta taimaka aka kayar da gyaran tsarin mulki na daidaita haƙƙi wanda majalisa ta amince da shi a 1972, ya tsaya a jihohi 35 cikin 38 da ake bukata. Ita kanta ta yi takarar majalisa, ta karanta lauya. Ni ma ƙuri'ar da nake jefawa wata ce ta sha ɗauri a kanta ana kiranta da sunan banza. Saboda haka ina ƙin sunan, amma na daina saurin zagin mai ɗauke da shi sai na ji abin da take nema. Ƙungiyar mata Musulmi ta FOMWAN da aka kafa a Minna a 1985 ba ta kiran kanta da wannan suna, ƙungiyar mata ta WIN da ta taso daga taron Zariya na 1982 ba ta gudunsa, amma a kan karatun 'ya mace ai bakinsu ɗaya.

Lauya Mai Ritaya:
Hajiya, kin kawo mu inda ake yanzu. A watan Maris na 2016 majalisar dattawa ta yi watsi da ƙudurin daidaita dama tsakanin maza da mata wanda Sanata Biodun Olujimi ta gabatar, kuma sanatocin da suka soke shi Musulmi ne da Kirista, wasu da hujjar gado, wasu da hujjar littafinsu. A nan ina ganin damuwar Abu Hafsa tana da tushe, domin sashen gado ya yi karo da abin da tsarin mulki ya riga ya amince wa kotunan shari'a, kuma masu ƙudurin sun yi kuskuren ɗaure komai a dami ɗaya. Amma ranar 1 ga Maris 2022, da majalisun biyu suka kayar da ƙudurori biyar na gyaran tsarin mulki, babu zancen gado a ciki. Akwai na ware wa mata kujeru, akwai na bai wa mace damar zama 'yar asalin jihar mijinta bayan shekara biyar da aure, akwai na bai wa mijin 'yar Nijeriya ɗan ƙasar waje damar zama ɗan ƙasa kamar yadda matar ɗan Nijeriya ke samu. Wane nassi ne ya hana waɗannan? Na farkon dai kowa ya san kujerar wani za ta taɓa. Majalisar dattawan da aka kafa bayan zaɓen 2023 mata huɗu ne a cikin 109.

Hajiya ta Damagaram:
Mu a Nijar an yi dokar kaso tun 2000, kashi 10 cikin ɗari na kujerun zaɓe, aka ɗaga zuwa 15 a 2014, sannan 25 a 2019, kuma ban ji an ce auren kowa ya mutu saboda ita ba. Illarta da na gani ita ce shugabannin jam'iyyu sun riƙa cike gurbin da matansu da 'yan'uwansu. Malam Abu Hafsa, tambaya gare ka kai tsaye: ware kujeru yana cikin kunshin da kake ƙi, ko yana waje?

Abu Hafsa:
Hajiya, a fahimtata yana waje, domin wakilci a majalisa ba shi ne babban shugabanci ba, ko da yake na san malaman da nake girmamawa waɗanda ba za su yarda da ni ba. Sharaɗina shi ne a kawo shi shi kaɗai, a yi muhawara a kansa da Hausa a gidajen rediyo, kada a cusa shi cikin wata yarjejeniyar ƙasashen waje da ba wanda ya karanta.

Maman Ilham:
Na gode muku duka. Ranar Litinin zan kai wa ajin labarin katuna huɗu da kuma batun Maraɗi da Katsina, in bar su su yi gardama a kan ko Baban Sadiƙ ne da gaskiya ko Lauya. Baba Malamin Zaɓe, idan ba za ka damu ba, akwai abin da na san za su tambaye ni: a Asabar ɗin farko, da magidancin ya tafi da katunan, mata nawa ne suka zo rumfarka a ranar, kuma layin nasu ya ƙaru ne ko ya ragu kafin a kai zaɓen shugaban ƙasa?